Heimat: tsohon wasan talbijin na Jamus da ya tsaya tare da matar da aka bari a gida

Wata rana a shekarar 1928, a wani ƙauye na ƙasar Jamus, wani magidanci mai suna Paul Simon ya ce zai fita ya sha giya. Ya kama hanyar da ta fita daga gari, ya yi ta tafiya. Bai yi faɗa da kowa ba, ba a bin sa bashi, matarsa Maria ba ta yi masa laifin komai ba, ƴaƴansa biyu ƙanana kuma suna nan lafiya lau. Maria ta fito tana kwaɗa masa kira a bakin hanya, shiru. Sai da aka shafe sama da shekara 10 kafin wasiƙarsa ta iso, daga birnin Detroit na Amurka.

A nan kashi na farko na Heimat ya ƙare, wasan talbijin mai dogon zango da Edgar Reitz ya shirya, wanda aka fara nunawa a Jamus ta Yamma a shekarar 1984. Duk mai shirya fim da ya san abin da kasuwa ke so, Paul zai bi: jirgin ruwa, wahalar baƙunta, kwana da yunwa, sannan arziki. Reitz ya ƙi. In ban da ɗan hango shi da aka yi a tashar tantance baƙi ta New York, sai aka rabu da Paul, kyamara ta koma ɗakin girkin gidan Simon ta zauna tare da Maria, da surukarta, da yaran da ke girma ba uba. Wannan zaɓi kaɗai ya isa ya sa wasan ya cancanci sa'o'i 15 da ƴan kai na rayuwar mai kallo, ko da kuwa a wayar salula zai kalla yana lissafin kuɗin mega.

Wasan kashi 11 ne, yana bin iyali guda da ƙauye guda daga 1919 zuwa 1982. Sunan ƙauyen Schabbach, kuma babu shi a taswira, ƙirƙirarsa aka yi. Yankin da aka ɗora shi a kai dai na gaske ne: Hunsrück, ƙasar tuddai da dazuzzuka a yammacin Jamus, tsakanin kogunan Rhin da Mosel, wadda ta daɗe tana cikin yankunan matalauta. Can aka haifi Reitz a 1932, a garin Morbach, mahaifinsa mai gyaran agogo ne. Ya bar yankin yana saurayi ya tafi Munich, ya zama ɗaya daga cikin matasan da suka sa hannu kan sanarwar Oberhausen a 1962, wadda ta yi kira da a sabunta sinimar Jamus. Wato shi ma mai tafiya ne. Sai bayan da wani fim nasa mai tsada ya faɗi warwas a 1978 ya waiwayi garinsu, ya zauna da marubuci Peter Steinbach suka rubuta labarin. Da yawa daga cikin waɗanda suka fito a wasan mutanen ƙauyukan ne da ba su taɓa tsayawa gaban kyamara ba, kuma da karin harshensu na karkara suke magana, wanda Bajamushen birni ma sai ya kasa kunne sosai.

Kalmar Heimat kanta tana ba masu fassara wahala. Gida ce, amma ta wuce gini. Ta fi kusa da abin da Bahaushe ke nufi idan ya ce inda aka binne cibiyarsa, wurin da ba a tambayar mutum ɗan wane ne shi. Jamusanci yana da wasu kalmomi biyu da ke tafiya da ita: Heimweh, ciwon kewar gida, da Fernweh, ciwon ɗokin nesa, wato zuciya ta riƙa ja zuwa wani wuri da ba a taɓa gani ba. Da wannan ta biyun aka raɗa wa kashi na farko suna. Hausa tana da kewa da bege, tana da "ƙafarsa na ƙaiƙayi", sai dai wanda ya taɓa zama a fada a Tawa ko Damagaram yana sauraren labarin waɗanda suka tafi biɗa, ya ji garin ya yi masa ƙunci alhali ba abin da ya canja a cikinsa, ya san ciwon ko bai san sunansa ba.

Paul ya kamu da shi ne tun daga yaƙi. Wasan ya buɗe da dawowarsa a ƙafa daga Faransa a 1919, bayan Yaƙin Duniya na Ɗaya. Ya tarar da mahaifinsa a maƙera, kafin ma a gaisa ya kama masa aiki. Aka taru a ɗakin girki, dangi da maƙwabta kowa na surutunsa, ba wanda ya tsaya ya ji abin da ya gani a fagen daga. Yana zaune a tsakiyarsu har barci ya kwashe shi. Daga baya ya duƙufa kan haɗa akwatin rediyo da hannunsa, yana kamo muryoyin birane masu nisa. Mutumin ya dawo da gangar jikinsa ne kawai, kuma shekara 9 ya yi yana ƙoƙarin zama kafin ƙafa ta rinjaye shi. Reitz bai wanke shi ba, bai kuma mai da shi mugu ba. Mai kallo ne aka bari da fushinsa.

Abin da ya biyo baya shi ne zuciyar wasan. Maria, wadda Marita Breuer ta fito a matsayinta tun daga ƙuruciya har tsufa, an haife ta a 1900, don haka shekarunta na tafiya daidai da na ƙarnin. Ba bazawara ba ce, ba kuma matar aure ba ce ta haƙiƙa. Tana zaune a gidan iyayen mijin da ya gudu, tana renon Anton da Ernst, gari na kallonta. A 1938 aka zo shimfiɗa babbar hanya ta cikin Hunsrück, wani injiniya mai suna Otto Wohlleben ya sauka a gidansu. Suka so juna. A karon farko cikin shekara 10 aka ga Maria tana dariya irin ta macen da aka kula da ita. Daidai lokacin ne wasiƙar Paul ta faɗo: yana raye, ya kafa kamfanin kayan lantarki, yana tafe. Maria ta sallami Otto, ta kama hanya zuwa tashar jiragen ruwa ta Hamburg don tarbar mijinta. Hukumomin Nazi suka hana Paul sauka daga jirgi, saboda sunan Simon ya yi kama da na Yahudawa kuma ba shi da takardar da ke tabbatar da asalinsa. Jirgi ya juya da shi. Yaƙi ya ɓarke. Maria ta koma Schabbach ba Paul ba Otto, ga kuma cikin Otto a jikinta. Otto ya mutu a 1944 yana kwance bam, jim kaɗan bayan ya fara ganin ɗansa Hermann.

Takarda guda daga mutumin da ya yi shekara 11 bai ce uffan ba ta rusa abin da mace ta gina da ƙyar. Wannan shi ne ƙarfin da mai tafiya ke riƙe da shi a kan wanda ya bari, kuma sau da yawa bai ma san yana riƙe da shi ba. Shi yana can rayuwarsa na gaba, tasu tana rataye. A yau akwai WhatsApp, akwai hanyoyin aika kuɗi cikin minti guda, shiru irin na Paul ya yi wuya. Amma ratayar ba ta gushe ba. Saƙon murya na minti biyu mai cewa "bana in sha Allah ina tafe" yana iya tsayar da shawarar gida na shekara guda cur.

Bahaushe ya ce kowa ya bar gida, gida ya bar shi. Ana yawan faɗar karin maganar kamar gargaɗi ga mai shirin tafiya, amma Heimat ya nuna ma'anarta ta fi ɗaci a ranar dawowa. Paul ya dawo bayan Yaƙin Duniya na Biyu, a kashin da aka kira Ba'amurken. Jamus ta zama kufai, sojojin Amurka na mulkin yankin, shi kuma ga shi cikin zungureriyar mota da direba, da faffaɗar hula. Ya shirya wa gari liyafa, mutane suka ci suka sha, suka yaba. Mahaifinsa ya riga ya rasu. Ƴaƴansa sun zama maza ba tare da shi ba. Mahaifiyarsa ta karɓe shi kamar yadda uwa ke karɓa, Maria kuwa ta ba shi girmansa na baƙo ta tsaya nan. Da maganar dalilin tafiyarsa ta taso, ba shi da amsar da za ta gamsar ko da shi kansa. Bayan mutuwar mahaifiyarsa ya sake komawa Amurka.

Wannan hoton ba baƙo ba ne ga sinimar Nijar. A 1966 Moustapha Alassane ya yi Le Retour d'un aventurier, labarin saurayin da ya dawo daga tafiya da kayan kaboyi ya raba wa abokansa, suka hargitsa gari. Oumarou Ganda, wanda shi kansa ya yi yaƙin Indochine a rundunar Faransa, ya yi Cabascabo a kan tsohon sojan da ya dawo abokai suka taya shi cinye kuɗinsa. Kafin su Jean Rouch ya bi Damouré Zika da abokan tafiyarsa har Gold Coast a fim ɗin Jaguar. Dukkansu ayyuka ne masu daraja, kuma dukkansu namijin da ya tafi ko ya dawo suke bi. Abin da Heimat ya ƙara shi ne tsawon zama da wadda ba ta je ko'ina ba, shekara bayan shekara, har mai kallo ya ji nauyin lokacin a jikinsa. Ba a iya yin haka cikin minti 90.

Sai dai duk wanda ya ɗauka wasan waƙar yabon ƙauye ce bai kalle shi da kyau ba. Schabbach na iya zama mugun wuri. Tun a kashi na farko akwai Apollonia, yarinya mai baƙin gashi da ke aiki a mashayar gari, wadda tsegumi ya hana sakat saboda ta haihu da sojan Faransa, har ta tattara ta bar yankin. Paul yana son ta, ya kasa bin ta. Shekaru 30 bayan haka Hermann, ɗan autan Maria, ya faɗa soyayya da Klärchen, wadda ta girme shi da kusan shekara 11. Da asiri ya tonu, uwarsa da wansa Anton suka taru suka kore ta da barazanar kotu. Hermann ya bar garin da niyyar ba zai ƙara taka shi ba. Maria ɗin da mai kallo ya tausaya wa tsawon sa'o'i ita ce ta yi wa ɗanta abin da ya raba su. Wanda ya bar garinsu saboda bakin mutane, ko saboda an hana shi auren da yake so, zai gane cewa ba talauci kaɗai ke korar mutum daga gida ba.

Akwai kuma babbar tuhumar da aka yi wa wasan, wadda bai kamata a tsallake ba. A watan Janairun 1979 gidajen talbijin na Jamus ta Yamma sun nuna Holocaust, wasan Amurka kan kisan ƙare dangi da gwamnatin Hitler ta yi wa Yahudawa. Miliyoyin Jamusawa suka kalla, ƙasar ta girgiza. Reitz bai ji daɗinsa ba. Ya yi ƙorafin cewa Amurkawa sun ƙwace wa Jamusawa tarihinsu sun mai da shi hajar kasuwa, kuma wannan fushin na cikin abin da ya tura shi rubuta Heimat. Da nasa wasan ya fito, masu suka a Jamus da Amurka da wasu ƙasashe suka ce to ga tarihin da ya ƙwato: shekara 12 na mulkin Nazi, amma kisan Yahudawa miliyan 6 ya zama abin da ake jiyowa daga nesa.

Masu kare shi suna cewa ai haka ƙauyen ya rayu da abin, kuma wasan ya nuna yadda ake kau da kai. Akwai gaskiya a nan. Eduard, wan Paul, mutum ne mai rauni marar mugunta, ya shiga jam'iyyar Nazi ya zama magajin gari saboda matarsa Lucie, tsohuwar magajiyar karuwai daga Berlin, tana son ɗaukaka. Mijin ƙanwarsu, mai shagon agogo, yana lissafin sayen gidan Bayahuden da ke shirin barin gari. Wani yaro mai ido ɗaya ya bi turakun waya har ya ci karo da sansanin fursunoni, ya dawo, rayuwa ta ci gaba. Wilfried, ƙanen Maria, ɗan rundunar SS, ya harbe matuƙin jirgin Ingila da ya faɗo da rauni, wata rana kuma a wurin walima ya yi raɗa kan abin da ake yi wa Yahudawa, hira ta wuce. Tsohuwa Katharina, mahaifiyar Paul, ita kaɗai ke ta nanata cewa duk wannan sabon jin daɗi bashi ne kuma za a biya, ta kuma roƙi jikanta ya tuɓe kakin matasan Hitler.

Duk da haka masu sukar ba su yi kuskure ba. Bayahuden mai gidan ba a ba shi fuska da labari irin na sauran ba. Mai kallo yana shafe sa'o'i yana shaƙuwa da mutanen Schabbach, yana dariya da wautar Eduard da kwaɗayin Lucie, waɗanda aka kwashe zuwa sansanonin mutuwa kuwa ba ya shaƙuwa da ko ɗaya cikinsu domin ba a gabatar masa da su ba. Ƙauna ga gida tana da wannan haɗari: tana tace tarihi, ta riƙe ƙamshin abincin kaka ta zubar da maƙwabcin da aka wayi gari babu shi. Kalmar Heimat ma ƴan Nazi sun yi amfani da ita sosai wajen rarrabe ɗan gida da bare, abin da ya sa ta daɗe tana wari a hancin Jamusawa masu tunani. Reitz ya so ya wanke ta. Ya yi nisa, bai kammala ba. A kalli wasan da wannan a zuciya, ba don a rage masa daraja ba, sai don kada daɗinsa ya sa barci.

Wajen sana'a kuwa, abin da aka fi tunawa shi ne yadda hoton ke sauyawa tsakanin fari-da-baƙi da mai launi ba tare da wata doka bayyananniya ba: ƙarfe ya yi ja a maƙera, ko furanni jajaye su zubo daga jirgin sama. Furannin Ernst ne ya sako su daga jirgin yaƙinsa ranar auren wansa, auren da aka ɗaura amarya na Schabbach ango na fagen daga a gabas, aka haɗa su ta wayar tarho. Kusan kowane kashi kuma yana farawa da Glasisch, mutumin da gari bai ɗauka da muhimmanci ba, yana baza tsofaffin hotuna yana tuna wa mai kallo wane ne wane. Wanda aka raina shi ya zama ma'ajin tarihin garin.

Reitz bai tsaya nan ba. A 1992 ya fito da Die zweite Heimat, kashi 13 da suka haura sa'o'i 25, kan rayuwar Hermann a Munich tsakanin 1960 da 1970, wato gida na biyu, wanda mutum ke zaɓa wa kansa cikin abokai. Heimat 3 ya biyo baya a 2004, daga faɗuwar katangar Berlin a 1989 zuwa shekarar 2000. Wanda ya fi dacewa da mai karatun da ke zaune a baƙunta shi ne na 2013, Die andere Heimat, da ya koma Schabbach na shekarun 1840. A lokacin yunwa da haraji da cututtukan yara sun addabi Hunsrück, jerin kekunan dawaki na fita da iyalai zuwa Birazil ba da niyyar dawowa ba. Har yau a kudancin Birazil, musamman jihar Rio Grande do Sul, akwai masu magana da karin harshen Hunsrück. Ƙasar da matasan Afirka ke jefa rayukansu a hamada da teku don su isa, ita ma ta taɓa zama ƙasar da ake gudu, miliyoyin ƴaƴanta suka watsu a nahiyar Amurka a ƙarni na 19. A fim ɗin, Jakob ne ke mafarkin Birazil, yana karanta duk littafin da ya samu har yana koyon harsunan mutanen dajinta. Wansa Gustav, wanda bai taɓa wannan mafarki ba, shi ne ya tafi, tare da yarinyar da Jakob ke so. Jakob ya zauna da iyaye.

A wasan farko ma rabon bai bi cancanta ba. Anton ya tako a ƙafa daga Rasha bayan yaƙi, tafiyar dubban kilomita, ya kafa masana'antar gilasan kyamara a garinsu, ya ƙi sayar da ita ga wani babban kamfanin waje ko da Paul ya ba shi shawarar ya sayar. Ernst ya zama dillalin da ke bi gida gida yana sayen tsofaffin ƙofofi da kayan ɗaki na gargajiya da arha, yana maye su da na zamani, ya kai tsofaffin birni inda ake sayen su da tsada don kewar ƙauye. Hermann ya zama mashahurin mai tsara kiɗa, aka sa kiɗansa a rediyo, mutanen gari suka taru su saurara suka kasa gane komai, in ban da Glasisch. Maria ta tsufa ita kaɗai a gidan da ya taɓa cika da hayaniya. Anton ya kawo mata talbijin mai launi, alhali zuwansa take so.

Ta rasu a 1982. Ana cikin rakiyar gawa hadari ya taso da ruwa kamar da bakin ƙwarya, masu rakiya suka ajiye akwatin a tsakiyar titi suka ruga neman mafaka. Hermann, wanda ya makara, ya shigo gari da motarsa ya tarar da akwatin uwarsa a hanya ruwa na dukansa. Paul ma ya zo, tsoho tukuf. Kafin a gama zaman makoki Anton ya sa katako ya toshe ƙofar gidan, don tsoron kada Ernst ya kwashe kayan ɗakin ya sayar, sannan ƴan'uwan suka riƙa lallaɓawa ciki ɗaya bayan ɗaya, kowa yana tsammanin shi kaɗai ne.